Mary Pickford ko Lillian Gish: Da Wacce Ya Kamata Mai Koyon Fim Ya Fara?

A shekarar 1912 wasu 'yan mata biyu, ya da ƙanwa, masu suna Lillian da Dorothy Gish, suka shiga ofishin kamfanin finafinai na Biograph da ke birnin New York suna cigiyar wata ƙawarsu mai suna Gladys Smith, domin sun ga fuskarta a wani gajeren fim kuma sun gane ta. Sun san juna tun suna ƙanana, lokacin da iyayensu mata suke yawo da su gari-gari tare da ƙungiyoyin wasan kwaikwayo na dandamali, har sun taɓa zama a gida ɗaya don a rage nauyin kuɗin haya. A kamfanin babu mai kiranta Gladys, domin ta riga ta zama Mary Pickford. Ita ce ta gabatar da su ga darakta D. W. Griffith, kuma a wannan shekarar ya saka su biyun a gajeren fim ɗinsa mai suna An Unseen Enemy. Ta ƙofa ɗaya ke nan Pickford da Lillian Gish suka shiga sana'ar fim, a hannun malami ɗaya, amma abin da kowacce ta yi da damar da ta samu ya sha bamban, har ya zama wanda yake son koyon wannan sana'a daga tushenta sai ya zaɓi wadda zai fara bi.

Na yi wannan rubutu ne domin ɗalibin wasan kwaikwayo da yake neman wadda zai yi bincikensa a kanta, da matashiyar da take koyon tsayuwa a gaban kyamara, da kuma mai kallo wanda lokacinsa da datarsa ba za su isa ya bi su duka biyun ba. Ba zan ɓoye inda na karkata ba: a ganina yawancin masu karatu da Gish ya kamata su fara. Sai dai akwai waɗanda wannan shawara ba ta dace da su ba, waɗanda Pickford za ta fi yi musu amfani nesa ba kusa ba, saboda haka zan shimfiɗa hujjojin kowane ɓangare yadda mai karatu zai iya saɓa mini a kan sani.

Ta fuskar ƙuruciya babu wani bambancin da zai taimaka wajen zaɓi. An haifi Pickford a birnin Toronto na ƙasar Kanada ranar 8 ga Afrilu, 1892, mahaifinta ya rasu a 1898, kuma kafin ta cika shekara takwas ta fara hawa dandamali don ta taimaki mahaifiyarta wajen ciyar da ƙannenta biyu, Lottie da Jack. Ita kuwa Gish an haife ta a garin Springfield na jihar Ohio ranar 14 ga Oktoba, 1893, mahaifinta ya tafi ya bar su, ita ma ta fara wasa a 1902. Dukkansu talauci ne ya tura su, ba sha'awar suna ba, kuma dukkansu ba su samu karatun makaranta mai ɗorewa ba, jirgin ƙasa da ɗakunan haya masu arha su ne makarantarsu. Pickford ce ta fara ganin haske, domin a 1907 babban mai shirya wasan dandamali David Belasco ya ɗauke ta a wasansa The Warrens of Virginia a Broadway, unguwar manyan gidajen wasa ta New York, kuma a hannunsa ta samu sunan da duniya ta san ta da shi.

Inda Pickford ba ta da na biyu shi ne sanin darajar kanta a kasuwa, kuma a nan zan ɗan daɗe, domin shi ne babban dalilin da zai sa wani ya zaɓe ta. Lokacin da ta je Biograph a watan Afrilun 1909, 'yan wasan dandamali suna ganin fim a matsayin aikin ƙasƙanci, kuma kamfanoni ba sa ma rubuta sunayen 'yan wasa a jikin fim, don kada su yi suna su nemi ƙarin kuɗi. Tun a ranar farko ta tsaya a kan sai an biya ta dala 10 a rana, ninki biyu na abin da aka saba bai wa sabon shiga. Masu kallo ba su san sunanta ba, sai suka riƙa kiranta yarinyar nan mai gashi nannaɗe, ita kuma ta lura cewa saboda ita ake cika gidajen sinima. A ƙarshen 1910 ta koma kamfanin IMP na Carl Laemmle a kan dala 175 a mako. A 1913 ta shiga kamfanin Famous Players na Adolph Zukor, inda albashinta ya riƙa ninkuwa kusan kowace shekara, musamman bayan Tess of the Storm Country na 1914 ya karɓu. A watan Yunin 1916 ta sa hannu a yarjejeniyar da ta ba ta dala 10,000 a mako, da rabin ribar finafinanta, da tabbacin cewa abin da za ta samu ba zai gaza dala miliyan ɗaya da dubu 40 ba, da kuma iko a kan yadda za a shirya finafinan. Shekarunta 24 a lokacin, kuma dokar tarayyar Amurka ba ta ma kai ga tabbatar wa mata 'yancin jefa ƙuri'a ba, sai a 1920.

Duk da haka ba ta tsaya a kan albashi ba, domin ta fahimci cewa mai rarraba fim zuwa gidajen sinima shi ne yake riƙe da wuƙa da nama. A watan Fabrairun 1919 ita da 'yan wasa Charlie Chaplin da Douglas Fairbanks, da kuma Griffith, suka kafa United Artists, kamfanin da bai mallaki 'yan wasa ba, aikinsa kawai rarraba finafinan da masu shi suka shirya da kuɗinsu, ribar kuma ta koma aljihunsu. Daga nan ita take zaɓar labari, ita take ɗaukar darakta da mai ɗaukar hoto, ita take duba lissafi. Ta yi aiki na dogon lokaci da marubuciya Frances Marion da mai ɗaukar hoto Charles Rosher, kuma ita ta ɗauko darakta Ernst Lubitsch daga Jamus ya yi mata Rosita a 1923, fim ɗinsa na farko a Amurka. Tana cikin waɗanda suka kafa asusun tallafa wa ma'aikatan fim da suka shiga halin ƙunci a 1921, tana kuma cikin mutum 36 da suka kafa cibiyar da take ba da kyautar Oscar a 1927. Hannun jarinta a United Artists bai bar hannunta ba sai a 1956, lokacin da ta sayar da shi a kan dala miliyan 3. Duk jarumar da ta taɓa ganin fim ɗin da ta yi wahala a kansa yana kawo wa wani kuɗi alhali ita an sallame ta da ladan rana, za ta sami darasi a kowace shekara ta rayuwar wannan mata.

Gish ba ta da irin wannan tarihi. Ta zauna a ƙarƙashin Griffith daga 1912 har zuwa Orphans of the Storm na 1921 tana karɓar abin da bai kai na takwarorinta ba, saboda ta fi damuwa da abin da take koya a wajensa. Bayan ta bar shi ta yi The White Sister da Romola a Italiya, sannan ta shiga shari'a da mai kamfanin da ya shirya su a kan kwantiragi, wadda ta yi nasara a cikinta. A 1925 kamfanin MGM ya ɗauke ta a kan dala 800,000 domin finafinai shida, tare da damar zaɓar labari da darakta, amma ma'aikaciya ce a can, ba mai gida ba. Manyan finafinanta biyu, Broken Blossoms da Way Down East, kamfanin da ƙawarta take da kaso a ciki ne ya rarraba su. Idan tambayar ita ce wacce ta fi iya riƙe dukiya da iko, to babu gardama a kai, Pickford ce.

Sai dai ɗalibin wasa ba lissafin banki yake zuwa kallo ba, fuska da jiki yake zuwa kallo, kuma a nan ne nake ganin Gish ta yi zarra. A Broken Blossoms na 1919, fim marar magana kamar sauran finafinan wancan lokaci, ta fito a matsayin Lucy, yarinya a wata unguwar talakawa ta Landan wadda mahaifinta ɗan dambe yake jibga. Idan ya umarce ta da ta yi murmushi, sai ta ɗaga yatsu biyu ta tura gefen bakinta sama, idanunta kuwa suna nan cike da tsoro ba su canza ba. Wannan ƙaramin motsi ya isar da labarin shekarun da yarinyar ta yi ba ta san dalilin dariya ba, ba tare da an rubuta ko kalma ɗaya ba. Kusa da ƙarshen fim ɗin ta kulle kanta a wani ɗan ƙuntataccen ɗaki yayin da uban yake saran ƙofar da gatari, sai ta riƙa juyawa a wuri ɗaya kamar dabbar da tarko ya kama, tana dafa bango tana neman mafitar da babu ita. Na kalli wannan fitowa sau da yawa, kuma har yanzu ba na iya kallonta ina cin abinci. Abin da mai koyo zai lura da shi shi ne firgicin yana hawa ne mataki-mataki, ba a zubar da shi gaba ɗaya tun farko ba, kuma kowane motsi yana da inda ya taso da inda ya nufa.

A Way Down East na 1920 ta fito a matsayin Anna, wadda wani mai kuɗi ya yaudara da auren bogi, ta haihu, jaririn ya mutu a hannunta, daga baya aka kore ta daga gidan da take aikatau cikin tsananin sanyi. An fi tuna fim ɗin da fitowar ƙarshe, inda take kwance a kan faifan ƙanƙara yana tafiya da ita a kogi, gashinta da hannunta suna cikin ruwa. A kogi na gaske aka ɗauki wani ɓangare na wannan, a jihar Vermont lokacin hunturu, kuma jijiyoyin hannun nan sun samu lahanin da ta rayu da shi har ƙarshen ranta. Ba na yaba wannan a matsayin abin koyi, domin babu fim ɗin da ya cancanci a nakasa mutum saboda shi. Fitowar da ta fi dacewa a yi nazari a kanta ita ce ta daren da jaririn yake mutuwa, inda take hura wa 'yan hannayensa numfashi don su yi ɗumi, ba ta yarda ya tafi ba, kuma kyamara tana tsaye a kan fuskarta babu inda za ta ɓuya.

Zalunci ne a ce Pickford ba ta iya wasa ba, kuma wanda ya ce haka bai ga Stella Maris na 1918 ba. A can ta fito a mutum biyu: Stella, kyakkyawar yarinya marar lafiyar ƙafa da aka killace a ɗaki aka ɓoye mata duk wani mugun labari na duniya, da Unity Blake, marainiya 'yar aikatau wadda wata mashayiya ta ɗauko daga gidan marayu tana azabtarwa. Domin ta zama Unity, Pickford ta danne gashin da aka san ta da shi, ta karkatar da kafaɗa ɗaya, ta canza tafiyarta, har mai kallo zai iya rantsewa ba ita ba ce. Haka kuma tana da abin da Gish ba ta cika nunawa ba, wato iya ban dariya da saurin jiki. A My Best Girl na 1927, inda take 'yar aikin kanti da ta faɗa son ɗan mai kantin ba tare da ta san ko wane ne ba, za a ga yadda take ratsa raha da tausayi a fitowa ɗaya babu ɗinki a tsakani. Wasanta ya fi kusa da yadda mutane suke a zahiri, shi ya sa wanda bai taɓa kallon fim marar magana ba yakan fi saurin sabawa da ita.

Matsalarta ita ce abin da ya ba ta arziki shi ne ya ɗaure ta. Jama'a sun so ta a matsayin ƙaramar yarinya mai ƙarfin hali, kuma ba su yarda ta girma ba. Tana da shekara 24 ta fito a 'yar shekara 11 a The Poor Little Rich Girl, aka ƙera kujeru da tebura manya fiye da ƙima don ta ƙara ƙanƙanta a ido. Tana da shekara 27 ta yi Pollyanna, tana da 33 ta yi Little Annie Rooney, duk a matsayin yarinya. Ta gwada fitowa a cikakkiyar mace a Rosita, amma ita kanta ba ta gamsu da shi ba, ta koma gidan jiya. Kasancewar kuɗinta ne a cikin kowane fim, ba ta da sukunin yin kasadar da ma'aikaciya za ta iya yi da kuɗin wani. A 1928, bayan rasuwar mahaifiyarta wadda ita ce mai kula da harkokinta tun farko, ta je aka yanke mata gashin nan, kuma labarin ya hau shafin farko na jaridu. Fim ɗinta na farko mai magana, Coquette na 1929, ya kawo mata kyautar Oscar ta gwarzuwar jaruma, amma waɗanda suka biyo baya ba su karɓu ba, kuma bayan Secrets na 1933 ba ta ƙara fitowa a fim ba, tana da shekara 41. Aurenta da Fairbanks, wanda aka ɗaura a 1920 kuma ya mai da gidansu na Pickfair tamkar fadar Hollywood, ya mutu a 1936. Ta auri Buddy Rogers a 1937, ta ci gaba da harkar kasuwanci na wani lokaci, sannan a hankali ta janye daga mutane, giya ta sami wuri a rayuwarta, har ta kai yawancin baƙinta ta wayar tarho take magana da su daga ɗakinta. Ta rasu ranar 29 ga Mayu, 1979.

Ita kuwa Gish, a lokacin da take da dama a MGM, ta kashe ta ne a kan aiki mai wuya. Ita ta zaɓi King Vidor ya ba da umarni a La Bohème, ita kuma ta shawo kan ƙungiyoyin coci da na mata har aka bari a yi The Scarlet Letter a 1926, labarin da aka daɗe ana gudun taɓawa saboda ya shafi macen da ta haihu ba ta hanyar aure ba. Ta nemi darakta ɗan ƙasar Suwidin, Victor Sjöström, ya ba da umarni a fim ɗin, kuma suka sake haɗuwa suka yi The Wind a 1928, wanda a wajena shi ne ƙololuwar aikinta. Labarin wata budurwa ce, Letty, da ta bar jihar Virginia ta koma wajen ɗan'uwanta a wani fako na Texas inda iska ba ta tsayawa dare da rana, matar gidan ta tsane ta, ta auri mutumin da ba ta so don ta sami wurin kwana. An ɗauki fim ɗin a hamadar Mojave cikin zafi, ana amfani da farfelar jiragen sama wajen watsa mata yashi. Wanda ya san ƙurar hunturu, yadda take shiga abinci da shimfiɗa da haƙora ko an rufe ƙofa da taga, ba ya buƙatar a fassara masa komai a wannan fim, zai ga Letty tana goge kwanuka da yashi saboda ƙarancin ruwa, zai ga yadda hankalinta yake zarewa zare-zare. Fim ɗin bai yi kasuwa ba, domin ya fito ne shekara guda bayan The Jazz Singer ya buɗe zamanin finafinai masu magana, kuma da shi ta rabu da MGM.

A nan ne rayuwar matan biyu ta fi bambanta, kuma wannan shi ne dalilina na biyu na fifita Gish. Da fim ya juya mata baya, sai ta koma dandamalin da ta fito. A 1930 ta yi wasan Uncle Vanya a Broadway, a 1936 ta fito a matsayin Ophelia a Hamlet tare da John Gielgud, sannan ta yi fiye da shekara guda tana wasan Life with Father a Chicago. Ta dawo fim a matsayin uwa da dattijuwa ba tare da jin kunyar shekarunta ba, har ta shiga jerin 'yan takarar Oscar da Duel in the Sun na 1946. A The Night of the Hunter na 1955 ta fito a tsohuwar da take riƙon marayu, tana zaune a baranda cikin dare da bindiga a kan cinyarta, mugun mai wa'azin bogi yana waje yana rera waƙar coci don ya razana ta, ita kuma ta ɗauki waƙar ta amsa masa ba tare da ta motsa daga kujerarta ba. Ta yi aiki a rediyo da talabijin, ta yi yawon jami'o'i tana nuna tsofaffin finafinai tana bayani a kansu, aka ba ta Oscar ta girmamawa a 1971, kuma fim ɗinta na ƙarshe, The Whales of August tare da Bette Davis, ya fito a 1987 tana da shekara 93. Shekara 75 ke nan a gaban kyamara, idan aka gwada da 24 na Pickford. Ba ta taɓa aure ba, ta rasu a New York ranar 27 ga Fabrairu, 1993, saura watanni ta cika ɗari. Ɗalibin da ya bi ta zai ga fuska ɗaya tana ratsa fim marar magana, da mai magana, da mai launi, da talabijin, kuma zai iya gane abin da ya canza a salon wasa da abin da bai canza ba.

Akwai tabo a tarihin Gish wanda bai kamata ɗan Afirka ya tsallake shi ba, ni ma ba zan tsallake ba. Ita ce ɗaya daga cikin manyan jaruman The Birth of a Nation na 1915, fim ɗin Griffith da ya nuna baƙaƙen fatar Amurka a matsayin barazana, ya sa Turawa suka shafa baƙi a fuska suna kwaikwayonsu, ya kuma ɗaukaka ƙungiyar 'yan ta'adda ta Ku Klux Klan a matsayin masu ceto, kuma macen da suka ruga ceto a ƙarshe ita ce wadda Gish ta fito a matsayinta. Ƙungiyar NAACP mai kare haƙƙin baƙaƙen fata ta yi zanga-zanga a kansa, kuma a wannan shekarar ce aka sake farfaɗo da Klan a jihar Georgia. Shekarunta 21 a lokacin, ana iya cewa umarni take bi, amma ta rayu kusan shekara 80 bayan haka tana kare Griffith da fim ɗin, kuma wannan ba ni da uzurin da zan ba ta a kansa. A 2019 jami'ar Bowling Green ta jihar Ohio ta cire sunan Gish daga wani ɗakin kallo nata saboda wannan dalili. Broken Blossoms ma Bature ne ya fito a matsayin Basine a cikinsa. A gefe guda, dukiyar da ta bari ita ce ta kafa kyautar Dorothy da Lillian Gish, wadda Chinua Achebe ya karɓa a 2010. Wanda yake ganin ba zai iya shafe watanni yana nazarin mai irin wannan tarihi ba, yana da cikakken dalili na komawa ga Pickford. Mai bincike kuwa, wannan tabon kansa babi ne da ya kamata ya rubuta, bai kamata ya ɓoye shi ba.

Ta fuskar samun finafinan, dukkansu sun yi sa'a idan aka gwada su da sa'o'insu. Wani rahoto da Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna cewa kusan kashi 70 cikin ɗari na dogayen finafinan Amurka marasa magana sun ɓace gaba ɗaya, saboda zaren da aka ɗauke su a kai yana ruɓewa kuma yana saurin kama wuta, kamfanoni kuma ba su ga amfanin adana su ba. Pickford ta mallaki nata da yawa, har ta taɓa niyyar a ƙone su bayan mutuwarta don gudun kada 'yan baya su yi mata dariya, kafin a shawo kanta ta fasa, kuma yau akwai gidauniya mai sunanta da take gyara su. Fim ɗaya tilo da Gish ta ba da umarni, Remodeling Her Husband na 1920 wanda Dorothy ta ja, yana cikin waɗanda suka ɓace. Duk finafinan da aka fitar a Amurka kafin 1929 wa'adin haƙƙin mallakarsu ya ƙare a can, shi ya sa ake samun su kyauta a YouTube da Internet Archive. Turancin da ke cikinsu 'yan layuka ne da ake sakawa tsakanin fitowa da fitowa, wanda mai karatun sakandare zai iya bi. Abin da ya kamata a kula da shi shi ne saurin hoto: an ɗauki yawancinsu da hotuna ƙasa da 24 a daƙiƙa, to idan aka nuna su da saurin finafinan yanzu sai mutane su riƙa tafiya a firgice kamar ana korarsu. Idan aka ga haka, kwafin ne marar kyau, sai a nemi wanda aka gyara.

Saboda haka, macen da burinta shi ne ta shirya fim da kuɗinta, ko ɗalibin da bincikensa ya shafi kwantiragi da rarraba fim da yadda suna yake zama jari, su ɗauki Pickford, su fara da shekarun 1909 zuwa 1919, su kalli Stella Maris da Sparrows na 1926, inda take ja-gorar marayu suna tserewa ta cikin fadama mai kadoji, sannan su tambayi kansu dalilin da ya sa mai wannan iko ta kasa sauya kamannin da masu kallo suka ɗora mata. Wanda kuma bai taɓa zama ya kalli fim marar magana ba, yana tsoron gundura, My Best Girl ya fi sauƙin shiga. Amma wanda wasan kansa yake son koya, wato yadda ido da hannu da kafaɗa suke magana kafin baki, to Gish ce malamarsa, kuma ga tsarin da nake ba da shawara a bi: ya fara da The Wind, ya koma baya zuwa Broken Blossoms da Way Down East, sannan ya tsallaka zuwa The Night of the Hunter don ya ji muryarta. Idan ya iso fitowar ɗan ƙuntataccen ɗakin nan a Broken Blossoms, ya kalle ta sau ɗaya yadda take, sannan ya mayar da ita baya, ya rufe sautin kiɗan, ya sa tafin hannunsa ya kare fuskar Lucy a jikin allon wayarsa, ya bi hannayenta kawai tun daga lokacin da ta ja ƙofar har zuwa lokacin da gatarin ya ratsa katako.